Jirgin Jamusawan da na turara

Shekarun baya, lokacin kullen korona, na hau kujera ina goge saman wadirob sai hannuna ya bugi wani kwali. Na ji abu ya yi kacau-kacau a ciki, kamar an girgiza ƙwayar magani a gwangwani. Da ban ji wannan 'yar ƙarar ba, da na tura shi can ciki na sauko.

Muna zaune a unguwar Al-Sadd, can ƙasar Larabawa, a bene hawa na shida, daga ni sai 'yata mai shekara tara. Maigidana injiniya ne a wurin haƙo gas a tsakiyar teku. Sati huɗu yake yi can, sati huɗu gida, amma da cutar ta zo aka ce na ciki ya zauna ciki. Aka shiga wata na uku ba ranar dawowa. Ladan ma idan ya kira salla sai ya ce kowa ya yi a gidansa. Duk benen ban san kowa ba sai wata 'yar Filifin da muke ɗaga wa juna hannu a bakin lif, ita ma na daina ganinta.

Kullen ma da sauƙi. Abin da ke ci min rai shi ne 'yata ta daina yi wa babanta magana. Kullum bayan la'asar zai kira ta bidiyo, ya ce, "Ina Mamana?" don sunan mahaifiyarsa ta ci. Tana jin muryarsa za ta shige ɗaki. In na matsa mata, amsarta ɗaya: "Sati huɗu ya ce." Ni kuwa in ce masa ta shiga wanka, in kashe waya in yi ta istigfari. Yarinyar da har kullum sai la'asar take wanka ai shi ma ya gane.

Ran nan na nuna masa kwalin. Ya ce wani Bajamushe abokin aikinsa ne ya ba shi. Jirgin ƙarƙashin teku ne na roba, gutsi-gutsi, sai an haɗa da gam, irin na farko-farko da Jamusawa suka ƙera kafin yaƙin duniya na ɗaya. Ya ce, "Na yi wa Mamana alkawari tare za mu haɗa shi."

Daga cikin ɗaki muka ji an ce, "Wani alkawarin kuma."

Wallahi sai da idonsa ya kawo ruwa, don murnar ta tanka.

Haka muka fara. Mu jingina wayar da gwangwanin sukari, mu baje kayan a faranti. Tana zaune gabansa amma sai ta ce, "Umma, ki tambaye shi wannan ina za a sa." Shi kuma ya gyara murya: "Hajiya, ki gaya wa Mamana ta juya shi, a kife ta riƙe." Na zama tafinta tsakanin mutum biyu masu yare ɗaya.

Akwai 'yar takarda a kwalin, da Jamusanci da Turanci. Ni da rabona da irin wannan karatun tun sakandare, na zauna ina bi da yatsa. Ashe jirgin jiki biyu gare shi, na ciki mai ƙarfi inda mutane suke, na waje kuma a nan tankunan da ake cika wa ruwa in za a nutse. A saman ruwa da kananzir yake tafiya, a ƙasa da batir. Kananzir ɗin nan kuwa farin hayaƙi yake tashi da shi, mai kauri, ta yadda jirgin da aka ƙera don ɓuya tun daga nesa ake hango shi. Kafin su nutse ma sai sun tsaya sun kwantar da dogon bututun hayaƙin. Mutum ashirin da 'yan kai a ciki, gumin ƙarfe na ɗiga a kan shimfiɗarsu, iskar da wani ya fitar ita wani zai shaƙa.

Da yaƙi ya zo sun nutsar da jiragen mutane, su ma da yawansu ba su dawo ba. Wasu nakiya suka taka, wasu an daɗe ba a san inda suka kwanta ba. A nan na ajiye takardar. Ban san su ba, ba addininmu ɗaya ba, kuma kisa suka fita yi, amma matansu na riƙa tunawa, da matan waɗanda suka nutsar, kowacce tana jiran a ƙwanƙwasa ƙofa. Ranar na daɗe a kan sallaya.

Sati biyu muka yi, jirgi ya kusa kammala, saura fenti. Matsala ɗaya, warin gam. Ya kama labule, ya kama kujeru, har a hijabina nake jinsa. Ni kuma gidan da na tashi, mace ba ta barin ɗakinta da wari alhali tana da turaren wuta. Wata safiya 'yata tana ɗaki tana karatu ta kwamfuta, na hura gawayi, na zuba turaren da mahaifiyata ta haɗa min da hannunta. Sai na ce ai daga jirgin warin ke fitowa, shi ya kamata a turara. Na ɗora shi a kan kabbasa, kwandon turara tufafi, kamar yadda nake yi wa kayan maigida, na tura kasko ƙarƙashi, har da lulluɓa masa mayafi don ƙamshin ya kama. Na tafi duba shinkafa.

Da na ɗage mayafin, cikin jirgin ya lotsa, hancinsa ya lanƙwashe ya kalli sama, bututun leƙen saman ruwa ya kwanta kamar dafaffiyar taliya. Ƙamshi kam ya kama.

Shaiɗan ya raya min in ce rana ce ta taga. Na yi a'uziyya na kira ta. Ta kalli jirgin, ta kalli kaskon, ba ta yi kuka ba. Igiyar da ta rage tsakaninta da babanta ke nan, ni na ƙone ta.

Sai ta miƙa hannu ta ɗauki wayata, ta danna lambarsa da kanta.

"Abba, ƙarar matarka na kawo. Ta turara mana jirgi."

"Ta yi me?"

"A kabbasa, Abba! Da mayafi!"

Ya yi dariya har da tari, ya ce, "Hajiya, abin da Turawan Ingila suka sha wuya kafin su yi, ke da gawayi uku kika gama. Khalas, shi ke nan, an ci yaƙi." Ita ma ta tuntsire. Suka shige ɗaki da wayar, aka turo ƙofa. Sun fi awa guda.

Na yi hamdala, na koma kicin. Can na tsaya gaban shinkafar da ta kama, ina jiyo dariyarsu ta bango. Abin da na yi ta roƙo ne Allah Ya ba ni, amma daga ranar ba a ƙara neman tafinta ba. Kiran la'asar ya zama nasu, ni sai a ƙarshe a ce, "A gaida Hajiya." Ban gaya wa kowa ba, don ina jin kunyar in yi kishin abin da na roƙa.

Ya dawo bayan wata biyar, aka killace shi a otal, sannan ya iso gida. Ya ce a sayo wani jirgin, ta ce ba ta so. Tsohon yana nan a kan kantar falo a lanƙwashe. Yanzu in na tuna, ina ganin mai riƙe gida yakan yi ta ƙoƙarin kada a ga damuwarsa, har ya iya, har a yarda masa cewa ba shi da ita. Na ɗauka na iya sosai.

Lokacin gasar cin kofin duniya gidan ya cika da 'yan uwan maigida daga Najeriya, katifu har falo. Wata rana da yamma suka shirya tafiya kallo a filin wasan Lusail, ana ta "yalla-yalla, ku yi sauri" a bakin ƙofa, 'yata har ta sa takalmi. Ni dama ba ni cikin lissafin, na tsaya tattara kwanuka. Na ji lif ya sauka, gida ya yi tsit. Ina juyowa sai na gan ta tsaye a ƙofar kicin, ba takalmi.

Na ce, "Ke, sun tafi sun bar ki?"

Ta ɗauki soso ta tsaya kusa da ni. Sai da ta wanke kofi biyu sannan ta ce, ba tare da ta kalle ni ba:

"Umma, lokacin kulle ni ina da ke, Abba yana da abokan aikinsa. Ke wa kike da shi?"