Baba Mai Kwamfuta da Kwanan Watansa

Duk layin an san Baba Mai Kwamfuta. Shagonsa bai fi ɗakin girki ba: tebur ɗaya, firinta mai yawan gardama, sai bencin masu jira. Shi ke buga wa mutane wasiƙa, ya cike musu fom, ya sauke wa teloli bidiyon sabon ɗinki. Hannunsa a sake yake, amma kada ka ce ya sayi abin da ba zai iya taɓawa ba.

Akwai wata manhajar sauke fayil da yake ji da ita. Masu ita sun ba da kwana talatin na gwaji, daga nan sai a biya. Baba ya ce allambaran. Da kwanakin sun kusa cika sai ya lallaɓa ya mayar da kwanan watan kwamfutar baya, yana murmushin mugunta. Matarsa takan ce, "Malam, kai kaɗai ne kwana ba ya ƙare maka a gidan nan."

Ana nan sai autarsa ta so shiga makarantar jinya. Ranar ashirin ga wata za a rufe karɓar fom, wanda ya makara kuwa sai baɗi. Kullum ta yi masa tuni sai ya leƙa kwanan watan da ke gefen allon kwamfutar ya ce, "Kwantar da hankalinki, uwata, da sauran lokaci."

Ran nan wani tela ya kawo takarda, ya ce a sa mata ashirin da biyu ga wata. Baba ya dubi allo, sha biyu. Ya karɓi wayar telan ya duba, ya ga ashirin da biyu. Nan take ya tuna hannun da ya yi wannan aika-aika.

Ko shagon bai rufe ba ya nufi gida. Ya tarar da autar tasa tana guga. Tsoho da furfurarsa ya durƙusa a gabanta, ido ya kawo ruwa.

"Uwata, na cuce ki. An rufe."

Ta ajiye dutsen gugar. "Tashi, Baba. Tun makon jiya na kai aka cike mini, a shagon da ke kallon naka."

Shagon abokin hamayyarsa kenan, wanda gaisuwa ma da ƙyar take haɗa su.

"Shi ne ba ki faɗa mini ba?"

"Ban so ranka ya ɓaci ba ne."

Daɗi ya ji ƙwarai, amma kunyar ta fi daɗin yawa. Can ya share ido da hannun riga, ya ce a hankali, "Kawo takardar in gani. Wancan mutumin bai iya cike fom ba."