Gurasar Ashurali

Da aka kawo wata na'ura, sunan da masu ita suka rubuta a jikinta ba wanda ya iya faɗa a ƙauyenmu na kwarin Fargana, sai aka raɗa mata Da-na-sani. Aikinta ɗaya ne. Ka kawo abin da wani al'amari ya bar wa tabo, ta shafe tabon, ta shafe al'amarin da duk abin da ya haifar, kuma kai da ka kawo kaɗai za ka tuna. Sai dai ba ta iya shafe abin da ya wuce shekara goma da faruwa.

Ai kuwa gari ya lalace da sauƙi. Miji ya fasa butar shayi a faɗa, da safe ya kai ta, faɗan ya zama ba a yi ba. Har ta kai ba a ɗaura aure sai dangin amarya sun fasa faranti sun adana, ko da za a ga ba daidai ba. Ban haƙuri kuwa ya zama aikin ƙauyawa.

Norbibi mai gurasa ce kaɗai ba ta taɓa taka ƙofar ɗakin na'urar ba. Shekara arba'in tana zura hannu a tanderu, damtsenta duk tabon ƙuna. In mata suka ce, "Haba Inna, ki kai hannun rigar da ta ƙone mana, ki huta," sai ta ce, "In shafe ƙunar, in manta inda wutar take? Ku dai ku biya ku ba ni wuri." Bakinta ba daɗi, amma ba marayan da ya taɓa wuce tanderunta hannu biyu.

A bangon ɗakinta akwai gurasa guda a rataye, an gatsa gefenta. Ɗanta Ashurali ne ya gatsa ranar da zai tafi arewa aikin gini, kamar yadda kowane matafiyi ke yi, don ragowar rabonsa ta jawo shi gida. Bai dawo ba. Can ya yi aure, ya haifi 'ya, ya faɗo daga bene. Matar ma ba ta daɗe ba. Abokan aikinsa suka kawo wa Norbibi yarinyar, Oydin, tana shekara biyu.

Kowa ya san lissafin. In gurasar ta shiga Da-na-sani ta fito a cike, Ashurali bai tafi ba ke nan, yana nan da ransa. Amma in bai tafi ba, ba a haifi Oydin ba. Ranar Juma'a kuma gurasar za ta cika shekara goma.

Ranar Laraba mijinta, tsoho Mirzakarim, ya same ta tana kwaɓa fulawa.

"Uwar Ashurali, saura kwana biyu."

"Na iya ƙirga, Malam."

"Ɗanmu ne fa. Shi kaɗai Allah ya ba mu. Yarinyar ba za ta ji zafi ba, an ce ko ƙaiƙayi babu. Ba kuma wanda zai tuna."

"Ni zan tuna. Ko kai za ka kai?"

Ya sunkuyar da kai. Shi ne ke yi wa Oydin doki a tsakar gida duk da ciwon bayansa.

"Ka gani," in ji ta. "So kake in ɗauki wuƙar, kai ka ci naman."

Kada ka ɗauka zuciyar dutse gare ta. Wallahi tana son ɗanta kamar ranta. Ranar Alhamis ma sai da ta sauko da gurasar, ta naɗe a ɗankwali, ta kama hanya. Ta kai har gindin bishiyar da ke fuskantar ɗakin na'urar, ta tsaya tana kallon layi: wannan da tsagaggen madubi, wancan da karyayyen keke. Ta ga ɗanta a ranta, da gemu, yana shigowa yana cewa yunwa yake ji.

Sai ga Oydin ta taso daga makaranta, ta hango ta.

"Kaka! Yau za a dawo da Baba? Yara sun ce gobe lokacin zai ƙare."

"Wa ya aike ki, uwar surutu?"

"In ya zo, ni zan bar masa katifata. Sai in kwana a bayanki, ko?"

Norbibi ta dubi yarinyar nan da ba ta san abin da take roƙo ba. Ta kama hannunta da ƙarfi har ta ce wayyo, suka juya gida.

Ta dafa shayi, ta kira Mirzakarim ya zauna. Ta kwance ɗankwalin, ta sa taɓarya ta farfasa gurasar, don ta bushe kamar tubali. Ta jiƙa a kwano ta tura gaban Oydin.

"Rabon ubanki ne, bai samu dawowa ya ƙarasa ba. Ci."

Yarinyar ta kai loma ɗaya ta yamutsa fuska. "Kaka, ƙura nake ji."

"Ci, don gidanku. Kada ki bar ko ɓurɓushi."

Tana ci tsohon yana kallo, hawaye na bin gemunsa. Da ya rage loma biyu sai ya miƙa hannu. Norbibi ta zaci hana yarinyar zai yi, ashe shayi ya ƙara mata don ta samu ta haɗiye.

Da kwanon ya zama fayau, Norbibi ta zagaya bayan tanderu, ta zauna a ƙasa, ta yi wa ɗanta kukan mutuwa da ta riƙe shekara shida. Har maƙwabta suka ji, ba kuma wanda ya leƙo ya ce ta yi shiru.