Hancin Doña Hermelinda

A ƙauyen Santa Eulalia, duk wanda zai shiga ruwan senote sai ya bi ta gaban hancin Doña Hermelinda Chablé, babu wata hanya. Senoten kogon dutse ne da rufinsa ya rufta tun zamanin kakanni, ruwa garai-garai kwance a ƙasa, matakala hamsin da biyu kafin ka taɓa shi. A bakin matakalar ƙungiyar ƙauye ta kafa famfunan wanka uku, ta ajiye kujerar roba. A kan kujerar nan Doña Hermelinda ta shekara goma sha ɗaya, cikin farar rigarta ta hipil mai furanni a wuya, tana shinshina baƙi.

Aikin ke nan, ba wasa nake ba. Masu yawon buɗe ido sukan zo daga biranen Mérida da Cancún a motoci cike maƙil, kowa ya lafta man kare rana har yana sheƙi. Man nan in ya shiga senote sai ya kwanta a saman ruwa, ya kashe ƙananan kifi, ya dusashe ruwan. Don haka doka ita ce a yi wanka tukuna. To, ɗan Adam da wayo. Wani ya jiƙa gashi kawai, wani ya tsaya gefen famfo yana ihun sanyi alhali ko ɗigo bai taɓa shi ba. Sai ta miƙa hannu, ta kamo damtsen mutum, ta kai hanci.

"Ƙamshin man kwakwa," in ji ta. "Koma."

Ba ta jin Turanci ko Jamusanci, amma ba a taɓa samun baƙon da bai gane "koma" ɗinta ba. Ta taɓa mayar da wani ƙaton ɗan Kanada sau uku, a na ukun ma ita ta riƙe masa tawul. Ta mayar da amarya da kwalliyarta, ta mayar da ɗan'uwan shugaban ƙungiya. Ana tsoronta, ita kuwa daɗin abin take ji, ba ta ma ɓoyewa.

Abin da baƙi ba su sani ba, kowa a ƙauye ya sani: Doña Hermelinda ba ta taɓa tsoma ko ɗan yatsan ƙafa a ruwan da take gadi ba. Shekararta sittin da ɗaya. Lokacin da take yarinya babu matakala, babu famfo a gidaje. Senoten nan shi ne rijiyar gari, mata na tsayawa a baki su zura bokiti da igiya mai tsawon gaske. Wa zai yi wanka a ruwan shan mutane? Sai mahaukaci. Da aka ja famfo, aka fara sayar wa baƙi tikiti, samari suka koyi iyo, har wasu matan ma. Ita dai ta ce ruwan da ya dafa mata wake shekara ashirin ba za ta zauna a cikinsa ba.

Ana nan, ran wata Litinin, Don Casimiro shugaban ƙungiya ya zo da takarda a hannu yana sosa ƙeya.

"Doña Melinda, ina kwana? Ya gwiwa?"

"Gwiwa tana nan. Faɗi abin da ya kawo ka, Casimiro, ka tare min iska."

Ya ce sabuwar doka ce daga birni. Duk ma'aikacin da ke bakin ruwa dole ya nuna zai iya shiga da rigar ceto, ya kai igiyar da aka ɗaura a tsakiyar ruwan, ya duba ƙasa da gilashin ruwa, ya dawo. Ranar Asabar ta sama mai dubawa za ta zo. Wanda bai yi ba sai a canja masa wurin aiki.

"A canja zuwa ina?"

"To... kicin na neman hannu."

Nan ne maganar ta yi zafi. Shugabar kicin ita ce Nicolasa, ƙanwarta uwa ɗaya uba ɗaya, wadda ta goya da bayanta. Shekara biyu ce tsakaninsu, kuma tun suna 'yan mata ba su taɓa yarda da juna a kan komai ba, ko gishirin miya. A ce Hermelinda, mai mayar da Turawa famfo, ta koma tana murza tortiya, wainar masarar nan, Nicolasa na cewa ta yi kauri? Ta ji abin har cikin haƙoranta.

Kafin yamma labari ya kai kicin. Nicolasa ta fito tana goge hannu da tsumma, murmushi har kunne.

"Yaya, na ji za ki dawo wurinmu. Na sa an wanke miki kujera kusa da murhu, saboda gwiwarki."

"Ki ba kare ya zauna."

"Ai ba komai, Yaya, tortiya ba ta da zurfi, ba wanda ya taɓa nitsewa a ciki."

Ranar Talata Doña Hermelinda ta ari gilashin ruwa da bututun numfashi, ta ɓoye su cikin jakar cefane. A bayan gida, tsakanin kaji da bishiyar lemo, ta cika bahon wanki, ta durƙusa, ta tsoma fuska. Karon farko ta shaƙi ruwa ta hanci, ta yi tari har talo-talon gidan ya amsa mata. Mijinta Don Eusebio yana kwance a ragar lilo yana kallo.

"Me kika gano a ƙasan teku, Melinda?"

Ta ɗago, ruwa na zuba, bututu a baki. Ta cire shi.

"Na gano mijin da zai dafa wa kansa abinci yau."

Ya ja hularsa ya rufe fuska. Haka ta yi ta yi har kwana goma, kullum bayan ta tashi aiki. Ta iya numfashi ta bututu, ta iya ƙirga ɗari fuska a ruwa. Amma baho baho ne, kana jin ƙasansa da hannu. Senote kuwa masu nutso sun ce akwai inda ba su ga ƙarshensa ba. Tsoro take ji sosai, kuma ba ta gaya wa kowa ba.

Ranar Asabar ta tashi tun da asuba. Kowa a nan ya san ruwan kogo sanyi gare shi, kuma in sanyi ya shiga ƙashin tsoho ba ya fita. Don haka ta yi abin da uwarta za ta yi: ta ɗauko kwalbar man zafi mai kafur, ta shafa a gwiwa, ta shafa a ƙugu, ta ƙara a ƙirji da bayan wuya. Ko kusa ba ta kawo komai a ranta ba. Magani ne ai, ba kwalliya ba.

Da ta iso, rabin ƙauye na bakin kogo, wai kowa ya zo wucewa ne. Mai dubawa, wata budurwa da allon rubutu, tana ƙasa a kan dandamalin katako. Motar baƙi ta farko ta riga ta sauke mutane, sun yi layi a famfo. Tunda mai kujera za ta shiga ruwa, Don Casimiro ya sa Nicolasa ta riƙe mata wurin na rabin awa.

Doña Hermelinda ta ɗaure rigar ceto a kan hipil ɗinta, ta ɗaga kai, ta nufi matakala. Sai hannu ya kamo damtsenta. Nicolasa ta kai hanci, ta ja numfashi a hankali, ta lumshe ido kamar mai ɗanɗana miya.

"Kafur," in ji ta. "Koma."

Nan take wurin ya fashe da dariya. Don Eusebio har da zama a ƙasa. Baƙin ma da ba su san kan zance ba suka taya.

"Nicolasa, magani ne!"

"Kifi ba su da ciwon gwiwa, Yaya. Koma."

Ta so ta yi faɗa, ta buɗe baki, sai ta kai nata damtsen hanci. Gaskiya ne, warin har yana hawa ido. Da wani ne ya zo mata haka, da sau biyu za ta mayar da shi. Kunya ta rufe ta, amma doka tata ce, ita ta raine ta. Ta juya ta shiga layi bayan wani Bature mai jan wando, ta yi wanka da rigarta a jiki, ta dawo ta miƙa hannu da kanta. Nicolasa ta shinshina.

"Bayan wuya."

Ta koma. Bayan wanka na biyu aka ba ta hanya.

Ta sauka matakala hamsin da biyu tana riƙe da ƙarfe. A ta ƙarshe ta tsaya, ta yi alamar gicciye, ta nemi izinin iskokin da ke gadin wurin a hankali kamar yadda tsofaffi ke yi. Ƙafarta ta ƙi gaba. Tana nan tsaye sai ta ji fantsama a gefe. Nicolasa ce, ta bar wa Don Casimiro kujera ta biyo ta, ta faɗa ruwa da kayan kicin ɗinta. Ita ta daɗe da koyon iyo.

"Miƙo hannu, tsohuwa. Ba don ke ba ne. In kika zo kicin ɗina kashe ni za ki yi da gyara."

Ta miƙa. Sanyi ya kama ta har ta kira sunan waliyyai uku, hipil ya buɗe a saman ruwa kamar laima, amma rigar ceto ta riƙe ta. Ta yi ta bugun ruwa irin na kare, Nicolasa na gefe tana zaginta, har hannunta ya kama igiyar tsakiya.

"Saura duba ƙasa, Doña!" in ji mai dubawa.

Ta gyara gilashi, ta ciji bututu, ta tsoma fuska.

Hasken rana ya shigo ta bakin kogon ya ratsa ruwan har ƙasa. Ga kifi baƙaƙe masu gashin baki, ga saiwoyin itace. Can a kan wani tudun dutse, daidai ƙarƙashin inda mata ke tsayawa da, ga tarkacen gari kwance: fasassun tuluna, gwangwanaye, guntayen igiya. A cikinsu akwai bokitin ƙarfe, farar ƙasa ta lulluɓe shi, da takalmin doki ɗaure a bakinsa. Gida ɗaya ne a Santa Eulalia ke ɗaura wa bokiti takalmin doki don ya kife ya ɗebi ruwa da sauri. Babansu ne ya ɗaura shi. Hermelinda na da shekara tara igiya ta suɓuce mata, ta koma gida ta ce Nicolasa ce ta bar bokitin a hanya aka sace. Nicolasa ta sha dukan da ta kwana biyu ba ta zauna ba.

Doña Hermelinda ta daɗe ba ta ɗago ba, har mai dubawa ta ce ya isa, ta ci. Da ta ɗago, ta tura gilashin goshi, ta ƙi kallon gefenta.

"Me kika gani, Yaya?"

"Ba komai. Duwatsu."

"Duwatsu masu takalmin doki?"

Hermelinda ta ƙara ƙanƙame igiya. Sama ana ta tafi, Don Eusebio na kaɗa hula.

"Tun yaushe kika sani?"

"Cewa ba ni ba ce? Tun ranar. Cewa yana nan kuwa, shekara bakwai ke nan, ranar da na fara sa gilashi."

"Ba ki ce komai ba."

"In ce me? Ki ce ƙarya nake? Jira nake ki zo ki gani da idonki." Nicolasa ta share ruwa daga fuska. "Kin ga kuwa sai da gwamnati ta sa baki."

Idon Hermelinda ya cika, ta ji daɗi da fuskarta a jiƙe take. Ta saki igiya da hannu ɗaya, ta kama kafaɗar ƙanwarta.

"Nico, ni ce na yar da shi."

"Na ji. Riƙe ni da kyau mu fita, wake na kan wuta."