Shafukan da Malam Ya Ce a Bari Fili

Ko da tsufa ya sa na manta sunayen jikokina, ba na jin zan manta da littafin da ya salwanta a hannuna.

Lokacin ina da ɗan shagon buga takardu a Sabon Birni. Kwamfuta uku gare ni, na haɗa su da wata manhaja mai raba fayil a tsakaninsu: abin da ka ajiye a ɗaya sai ka gan shi a sauran. Da lasisinta ya ƙare, rowa ta hana ni sabuntawa. Na shiga intanet na sauko da lambar lasisi ta sata, haɗe da wani ɗan fayil da aka ce shi ke buɗe ta. Ta kuwa yi aiki, har ina yi wa kaina kirari.

A makon ne wani dattijon malami daga wajen Gatawa ya shigo rungume da gafaka. A ciki littafi ne da mahaifinsa ya rubuta da hannu, wa'azi da waƙoƙi cikin ajami. Hare-hare sun yi yawa a wajensu, shi ya sa yake so a ɗauki hoton kowane shafi a ajiye.

Kwana biyu muna aikin. Shi ke juya shafukan da kansa, a hankali, kamar mai juya jariri. Da muka gama ya ce, "Ɗana, mu can kwahi ukku mukan yi, kowane gida dabam. Kai hwa?"

"Allah shi gafarta Malam, ni ma wuri ukku na aje," na ce, ina nuna masa kwamfutocin. Ban yi ƙarya ba, sai dai ɗaki ɗaya ne mai ƙofa uku, ni kaina ban lura ba. Ya koma gida da littafinsa, don da shi yake karantarwa.

Bayan sati uku na buɗe shago da safe, na tarar kowane fayil ya ƙi buɗuwa. Ashe ɗan fayil ɗin nan da cutar kwamfuta ya zo, ta yi kwanto, sannan ta bi manhajar ta kulle komai a kwamfutocin uku. Har Sakkwato na kai wa masu gyara, a banza. Kullum sai in ce gobe zan je wajen Malam mu sake ɗaukar hotunan, kunya tana riƙe mini ƙafa. Kafin in je aka ƙona ƙauyensu, har da makarantarsa, littafin na ciki.

Ranar da ya zo karɓar kwafinsa, daga shi sai rigar jikinsa, na faɗa masa komai ina kuka. Sai ya dafa kafaɗata.

"Share hawayenka, zamna gaban na'urarka. Abin da na hardace za ni hwaɗi, kai ka rubuta."

Wata biyu yana zuwa kullum da hantsi. Inda ya tuna, sai ya faɗa ina bugawa. Inda ya manta sai ya ce, "Bar nan hili. Ba ni sa ma mahaihina magana a baki." Ko sau ɗaya bai yi mini gori ba. Wallahi da dukana ya yi, da ya fi mini sauƙi.

Tun daga nan nake sayen lasisi na gaskiya, amanar mutane kuma nakan ware ta inda ba ta haɗe da komai. Na koyi cewa wanda ya shigo da kayan sata ba lallai shi ne zai ji a jikinsa ba. Ni na saci lamba, amma tsohon da ko sunan lasisi bai taɓa ji ba, shi ya rasa maganar mahaifinsa har shafuka goma sha tara da muka bari fili.