Kwalin Rijiya da Baba Ya Bari

Shekara tara ke nan da rasuwar mahaifinmu, Alhaji Yusha'u, kuma har yau in na tuna shi addu'a da haushi tare suke zuwa mini. Allah Ya jiƙansa, amma bawan Allahn nan ya bar mana aiki.

Fassara ya yi wa gwamnati har ya yi ritaya, sai dai abin da ya ɗauke masa hankali shi ne tara kalmomi. Yakan yanka katuna daga tsofaffin fayil, kowace kalma da katinta, ya jera su cikin kwalayen takalmi a ɗakin baya na gidanmu da ke Nassarawa GRA. Bisa sana'a ya kasa su: kwalin rini, kwalin jima, kwalin kamun kifi, kwalin rijiya, har goma sha biyu. Maƙwabtanmu manyan ma'aikata ne, amma ba su yake nema ba. Direbobinsu da masu dafa musu abinci yake tarewa a ƙofar gida yana yi musu tambayoyi, har abinci ya ƙone a gidan mutane. Babban malaminsa kuwa mai gadinmu ne, Malam Ado, mutumin wani ƙauye a Jigawa, wanda ya yi ƙuruciyarsa yana haƙar rijiya.

Baba yana da doka guda mai gajiyar da mutum. Kalma ba ta tabbata sai ya ji ta daga bakin mutum uku 'yan gari daban-daban, ya rubuta sunayensu a bayan katin. Wadda ba ta cika uku ba sai ya ɗaure ta da roba, ta jira. Duk sa'ad da muka matsa masa ya buga littafi, amsarsa ɗaya ce: "Da sauran masu jira." Har ya koma ga Ubangijinsa suna jira.

Bara wata abokiyar aikina, haifaffiyar Kano, ta ji kakarta ta ambaci wasaki, sai ta zaro waya ta nema a ƙamusoshin nan na kyauta da ke intanet. Na farko ya ce bai san kalmar ba. Na biyu ya ce bokiti, har da hoton na roba shuɗi. Na uku da na huɗu suka maimaita na biyu ba ragi ba ƙari, kamar ɗaliban da suka zauna benci ɗaya ranar jarrabawa. Na ce mata gugan fata ne, Malam Ado ya ɗinka ɗaya a gabana ina yarinya. Ta dube ni, ta dubi wayar, na ga a fuskarta wayar ta fi gaskatawa.

Abin ya ƙona mini rai. Kwalin rini yana hannuna tun bayan rasuwar Baba, don haka na yi rajista a wani shafi da kowa ke iya ƙara kalma, na kwashe Asabar da Lahadi ina shigarwa. Ranar Litinin aka goge su duka. Wani mai kula da shafin ya rubuto mini cikin ladabi cewa sai na kawo littafi ko jaridar da aka buga kalmar. Na ce majiyata marina uku ne, ga sunayensu ga garuruwansu. Ya ce wannan ba hujja ba ce. Wato mutumin da ya shekara arba'in hannunsa cikin ruwan baba yana rini bai isa shaida ba, sai wanda bai taɓa leƙa marina ba ya rubuta.

Na sha tambayar kaina me Baba zai ce da ya ga zamanin nan. Na tabbata ƙamus na kyauta zai burge shi, don burinsa ke nan, ɗan ƙauye ya sami kalmar kakansa ba tare da ya roƙi kowa ba. Ina ma jin da zai fahimci mai gogewar fiye da ni, tunda taurin kansu iri ɗaya ne. Ni dai fushi na yi, na rufe kwamfuta, na watsar da maganar har damina ta wuce.

Watan jiya yayana Kabiru ya kira, ya ce za a rushe ɗakin baya, in zo in kwashe takardun Baba. Kwali goma na sama lafiya lau. Na ƙasa, wanda ya jingina da bango, gara ta mayar da shi ƙasa, robobin kawai ta bari. Kwalin rijiya ne. Nan kam ba shafin intanet da zan ɗora wa laifi.

Washegari na je Kaura Goje, inda Malam Ado yake zaune wajen ɗansa, ya tsufa tukuf. Bayan gaisuwa na roƙe shi ya lissafo mini sunayen ƙasar da mahaƙi yake ratsawa kafin ya tarar da ruwa.

"Haba, Hajiya Binta, ai waɗannan na ba Alhaji tuntuni," in ji shi. "Sun fi goma. Da na ga ya rubuta, sai na daina riƙewa. Ki duba kwalin nan, suna ciki."

Na ce, "To, Baba." Na kasa faɗa masa gara ta cinye kwalin. Da lallashi ya tuno guda huɗu, sauran ya yi ta laluba bai samu ba.

Abin da ya rage na mahaifinmu yanzu yana kan teburin cin abincina. Ina ɗaukar hoton kowane kati gaba da baya, musamman bayan, inda sunayen masu gadi da direbobi suke. Zan buga su littafi, har masu jiran, Baba ya yafe mini, ko shafukan nan sa sami hujjar da suke so.

Kalmomin Malam Ado huɗu kuwa na yanka musu sababbin katuna. A bayan kowanne suna ɗaya ne kawai. Na daɗe ina kallon su, sannan na nemo roba na ɗaure.