Jirgin Isiya Ya Cika

Safiyar ranar na tashi da ciwon baya. Rabi, matata, tana yanka kuɓewa tana shanyawa a kan tabarma. 'Yarmu Hafsatu ta ɗaura kallabi, ta ce za ta gidan baffanta. Ban hana ta ba. Kullum can take wuni.

Baffan nata ƙanena ne, Isiyaku, muna ce masa Isiya. Ni mai haƙar rijiya ne, ban taɓa wuce Katsina ba. Shi ya yi shekaru a Legas yana walda a inda ake gyaran jiragen ruwa. Ya dawo ƙauyenmu da ke bayan Ruma da injin walda, da babbar waya, da baki cike da labari.

Labarin da ya fi so shi ne na jiragen yaƙin Jamusawa masu nutsewa a ruwa, na farko-farkon nan, na Yaƙin Duniya na Ɗaya. Yakan zauna a gindin darbejiya yana nuna hotunansu a waya. Ya ce matsattsu ne, kamar an kwantar da tankin mai. A saman ruwa da kananzir suke tafiya, injin yana aman farin hayaƙi da ake hangowa daga nesa. In sun ga abokan gaba sai su kashe injin, su ja murfi, su nutse, su koma kan batir. Mutanen ciki su yi tsit, suna shaƙar numfashin juna, har masu farautarsu su wuce. Ya ce ɗaya daga cikinsu ya nutsar da manyan jiragen Ingila uku a safiya guda. Da yawansu kuma sun fita ba su dawo ba.

Yara suna sakin baki. Har Inna, mahaifiyarmu, takan jawo tabarmarta kusa. Ni da na ƙare rayuwata a ƙarƙashin ƙasa, ba wanda ya taɓa tambayata yadda can yake.

Da 'yan bindiga suka fara shiga ƙauyukan kusa, Isiya ya sayo tsohon tankin motar ruwa daga Batsari. Ya ce tunda ba mu da teku, a ƙasa za mu nutse. Ya fasa masa ƙofa a sama mai cin mutum ɗaya, murfin yana kulluwa daga ciki. Ya sa bututun iska biyu, ya ɓoye bakinsu a cikin tarin duwatsu. Ya sa fanka mai batir. Ya ce ba janareto, don hayaƙi ne ya riƙa tona asirin na Jamusawa. Ya kuma ce iska ke yanke yawan mutane, ba fili ba. In aka wuce adadi, duka za a mutu.

Ni na haƙa ramin. Rani guda na yi ina sara. Aka binne tankin a bayan gidansa, aka ɗaure awaki a kai. Gari ya sa masa suna jirgin Isiya. Inna ta dinga sa wa Isiya albarka a gaban mutane. Ba ta ambaci ramin ba.

A ranar da nake magana, bayan azahar na dawo daga masallaci na kishingiɗa. Sai na ji wani gunji daga yamma, ta wajen daji, kamar zuma ta tashi. Babura ne. Sai harbi, ɗaya-ɗaya, sannan a jere. Kaji suka watse. Wani ya yi ihu a bayan danga.

"Sun shigo!"

Rabi ta jefar da wuƙa. "Hafsatu!" Ta fita ba takalmi. Na bi ta.

Gidana a ƙarshen gari yake ta gabas. Gero ya yi tsawo a bakin ƙofa, da mun faɗa ciki da mun ɓace. Amma cikin gari muka nufa, muna karo da masu gudu. Rumbun liman ya riga ya kama wuta. Wata tsohuwa tana zaune a tsakiyar hanya tana salati.

A bayan gidan Isiya awaki suna fizgar igiya. Kansa da kafaɗunsa ne kawai a waje. Ya karɓi wani jariri daga hannun uwarsa ya miƙa ƙasa. Uwar ta juya ta ruga. Da ya gan mu fuskarsa ta canza.

"Hafsatu tana ciki! Inna ma!"

"Karɓi Rabi!" na ce.

Ya leƙa ƙasa. Ya ɗago.

"Yaya, ya cika. Wallahi ya wuce cika. Ku yi gabas!"

Ta gefen kafaɗarsa na hango jan kallabin Zulai, matarsa, a gindin tsani. Tana ciki, a zaune. Harsashi ya bugi katanga, ƙasa ta zubo mana a ka. Isiya ya ja murfin. Na ji sakata ta shiga. Na jawo komin da awaki ke cin dusa na kife a kai, don 'yata tana ƙasa.

Muka koma ta inda muka fito. Muka faɗa cikin gero. Ganye yana yankar fuska. Rabi tana gaba, ina jin numfashinta. A bayanmu ana harbi ana dariya. Shanu suna kuka, ana kora su yamma.

Gonar ta ƙare a bakin ƙorama. Ba ruwa sosai, yashi ne a fili. Mun tarar da mutane suna tsallakawa. Babura biyu suka ɓullo ta kan gaɓa.

"Ku tsaya!"

Ba wanda ya tsaya. Rabi ta faɗi kamar ta yi tuntuɓe. Na ɗago ta, hannuna ya jiƙe. A kwiɓi harsashin ya same ta. Na saɓa ta a baya na haye. Ban san dalilin da ya sa ba su biyo mu ba.

La'asar ta yi, ba a ji kiran salla daga ko'ina ba. Na yage rigata na ɗaure mata ciki. Na bi turba ina tafiya ina hutawa. Ciwon bayan da na tashi da shi ban ƙara jin sa ba. Sau ɗaya ta yi magana, bakinta a kunnena.

"Isiya ya rufe da kyau?"

"Ya rufe."

Rana tana ja muka haɗu da wani Bafulatani, shi ma ya gudo da iyalinsa. Bai tambaye ni komai ba. Ya sauke kaya daga kan takarkarinsa, muka ɗora ta. Ina riƙe da ƙafarta muna tafiya. Kafin magariba ƙafar ta yi sanyi. Ban faɗa masa ba sai da muka hango fitilun Batsari.

Da safe 'yan uwanta suka zo daga garin Zakka. Aka yi mata sutura. Da hantsi muka dawo daga maƙabarta zuwa wata makaranta da aka sauke mu, mu 'yan gudun hijira. Sai ga motar jami'an tsaro ta kawo mutanen jirgi.

Duka sun fito da rai. Wasu sun suma a ciki, Inna ta yi ta amai, amma ba wanda aka rasa. Aka kewaye Isiya. Maza suna kama hannunsa, mata suna kuka suna sa albarka. Wani yana ɗaukarsa a waya yana tambayar yadda aka yi bututun. Hafsatu ta sauko riƙe da zanen Zulai. Ta dube ni, ta dubi bayana.

Isiya ya ratso mutane ya durƙusa a gabana. Idonsa ya kumbura.

"Yaya, da na ƙara mutum ɗaya…"

"Ka yi daidai," na ce.

Gaskiya na faɗa. Amma ban iya duban fuskarsa ba. Har yau in na ji shi yana yi wa Zulai magana ta bayan labule, ko faɗa suke yi, sai in tashi in fita.

Ba mu koma ƙauye ba. Ɗaki biyu muka samu a Batsari, jikin juna. Mutanen ƙauyen Yasore sun zo neman Isiya ya yi musu jirgi irin nasa. Ya ce sai in ni zan haƙa. Na ce bayana bai warke ba.

Gidan Isiya, har da yara, su biyar suka shiga, su biyar suka fito. Mu a da mu uku ne. Da yamma in Zulai ta kwashe tuwo, takan turo mana kwano ɗaya, ni da Hafsatu. Yana isarmu.