Inda Baba Ɗanlami Ya Tsaya a Karatu

Shekarun baya ina da rumfar gyaran waya a bakin kasuwar Tsanyawa, kuma ba yabon kai ba, duk yankin nan babu wayar da ta taɓa gagarata. Abin da zan faɗa muku wallahi a hannuna ya faru, ba ji na yi a mota ba.

Wata ranar kasuwa wata dattijuwa, Inna Hajara, ta kwance bakin zaninta ta ajiye min tsohuwar waya mai maɓallai, ruwan fadama ya gama da ita. Ta mijinta ce, Baba Ɗanlami, manomin gyaɗa da ya rasu da kaka. Shi wannan bawan Allah sai da ya yi furfura ya fara karatun Alƙur'ani, kunya ta hana shi zama da allo cikin yara, sai ya riƙa bin karatun a waya kullum bayan la'asar a gindin ɗorawar gonarsa, daga Nasi yana hawa sama yadda ake yi a makarantar allo.

"Ya ce in bai kai ga sauka ba, in sa a ƙarasa masa," in ji ta. "To ni ban san inda ya tsaya ba, Malam. Ka duba min."

Na ce ta dawo kasuwa mai zuwa. Wayar kam ta mutu, amma na kwashe abin da ke cikinta. Sai dai manhajar Alƙur'anin ba ta buɗuwa sai a tsohon tsarin irin waɗannan wayoyin. Wannan ba ya ɗaga min hankali, don akwai manhajar da ake sa wa kwamfuta ta kwaikwayi tsohuwar waya, sai ka ga wayar ta fito a fuskar kwamfuta har da maɓallanta. Na zuba kayan Baba a ciki, na buɗe, alamar karatunsa tana kan Suratu Maryam.

Da Inna ta dawo na buɗe in nuna mata, sai na tarar alamar ta haura zuwa Kahfi. Na ce shirmen manhaja ne, na goge komai na sake zubawa daga asali. Ta sake fitowa a Kahfi. Babu intanet, babu layi, kuma ni kaɗai na san lambar buɗe kwamfutar. Na dawo daga la'asar na zauna, a kan idona alamar ta matsa aya ɗaya, ta ɗan jira kamar mai maimaitawa, ta sake matsawa. Na juya na faɗa wa Inna, da ke zaune tana jira, abin da na gani.

Ita ko gezau. "To ai bai tsaya ba ke nan," ta ce. "Don Allah kada ka kashe masa."

Na tambayi wani malami, ya ce wanda ya mutu aikinsa ya yanke, in kashe abina. Na yarda da maganarsa, har yau na yarda, amma hannuna ya kasa. Na jona kwamfutar da sola na bar ta a kunne, har damina ta sauka aka yi shuka. Duk ranar kasuwa Inna sai ta leƙo: "Malam, ina ya kai?"

Ranar da alamar ta kai ƙarshen Baƙara, wayar da ke fuskar kwamfutar ta yi duhu. Na yi duk dabarar da na sani, ba ta ƙara buɗuwa ba.

Inna ta soya waina ta raba wa maƙwabta, yadda ake yi in yaro ya sauke. Ta kawo min tawa da zafinta, na ci, hawaye na zubo min.

Ban san mai karatun nan ba, kuma ba zan yi muku ƙaryar sani ba. Shawarata dai, in aka kawo muku wayar mamaci, kada ku yi saurin gogewa. Ni yanzu sai na yi sallama nake buɗe ta.